Muryar Sama: Ni da Marika 'Yar Holan

Ranar da aka kai ni gidan Gwaggo Yalwa koyon waƙa, ko sau ɗaya ba ta ce in buɗe baki ba. Ƙorai ta turo mini da ƙafa, ta ce in je bakin rariya in wanke. Ni kuwa don in burge ta, na zuba su a daro na bar su suka jiƙu sosai kafin in cuɗe. Da na kawo, ta ɗauki ɗaya ta ƙwanƙwasa da zobenta, ta kara a kunne.

"Asabe, jiƙa ta kika yi?"

Na ce, "E, Gwaggo."

"To ta sha ruwa ta ƙoshi, yau ba za ta yi magana ba. Kife ta a inuwa, ba a rana ba, ki jira ta."

Gwaggo Yalwa yayar mahaifina ce, kuma ita ce uwar 'yan amada a unguwarmu, nan cikin Daura. Ina ba ku wannan labari ne, 'ya'yana, don na ji kuna cewa waƙa ba ta da wuya yanzu, wai ki shiga situdiyo ki rera yadda ya sawwaƙa, kwamfuta ta miƙe abin da ya karkace. Ban ƙi ba, na ji waƙoƙin, wasu har da daɗi. Amma ranar da za a tsayar da ke a tsakar gida cike da mata, janareta ya mutu, uwar amarya ta zuba miki ido, babu kwamfutar da za ta zo ta cece ki.

Ku fara sanin kayan aiki. Akwai masaki, babbar ƙwaryar da ake kifewa a kan tsumma, ita ke riƙe da gindin kiɗa. Akwai matsakaiciya da ake bugawa da zobba a yatsu. Sai ƙaramar da ake kifewa a kan ruwa cikin daro, a buge ta da siririyar sanda. Ta ruwan nan ita ce mai rigima. In kin ɗan ɗaga bakinta iska ta ƙara shiga, sautinta ya sauka. In kin rage mata iska, ya hau. Kasuwar Mai'adua Gwaggo ke kai ni saye. Ba ruwanta da zane ko santsi. Za ta yi ta ƙwanƙwasawa har mai ƙorai ya gaji ya ce, "Hajiya, saye za ki yi ko gaisawa kika zo yi da su?" Ta ce, "Bari in ji wadda za ta amsa." Ƙwaryar da ta taɓa zuwa hannun gyartai kuwa, ko ɗinkin bai fito ba, ta gama kiɗa. A zuba mata gari.

Na daɗe ina amshi a sahun baya kafin a bar ni in ja waƙa ko da baiti ɗaya. Kada ku raina amshi. Aikin 'yar amshi shi ne ta shigo kafin numfashin mai ja ya ƙare, don kada a bar rami a cikin waƙa. In kika makara, an ji ramin. In kika yi gaggawa, kin taka mata magana. Muna da yawa a bayan Gwaggo, amma ba ta waiwayowa take cewa, "Asabe, ke ce kika makara." Kuma ni ce ɗin.

A wani suna a Sandamu aka fara sanina. Gwaggo ta tashi da mura, ta lallaɓa har tsakiyar wuni. Akwai wata gaɓa a waƙarta ta masu jego inda murya ke hawa can sama ta tsaya, kamar shirwa ta buɗe fiffike ba ta kaɗawa. Da aka kusa wurin sai ta dube ni ta nuna da haɓa. Na ɗauka. A lokacin ba lasifika ba makirfo, sai ƙirjinki. Na ji muryata ta tsallake katanga, masu tuƙin tuwo a bayan gida suka saki muciya suka leƙo. Muna dawowa a mota Gwaggo ba ta yabe ni ba. Cewa ta yi, "Kin ɗaga kafaɗa. Mai waƙa ba ta ɗaga kafaɗa." Amma daga ranar, duk inda aka zo wannan gaɓa, tawa ce. Haka aka fara ce mini Asabe mai muryar sama.

Masu gayya kuwa, karatunsu ya fi na ƙwarya wuya. Kina shiga gida za ki gane wa ke da bikin a zahiri, don ba kullum uwar amarya ba ce. Wani lokaci wata gwaggo ce can a lungu da ba ta ko sake zane ba, amma ita kowa ke zuwa yi wa raɗa. Ita za ki fara gaisarwa a waƙa. In kin hangi wadda ta fito takaba kwanan nan, ki sassauta kiɗa in kin zo kusa da ita. Akwai kuma mai jan ki gefe ta ce ki saka wa maƙwabciyarta habaici. Gwaggo ta koya mini amsar: "Hajiya, wata mai zuwa a gidanta zan yi wasa." A yi dariya, a wuce wurin.

Da Gwaggo ta tsufa ta zauna, ragamar ta dawo hannuna, Kulu ta zama babbar 'yar amshina. Kulu mace ce mai faɗin murya, ba ta hawa sama amma ba ta gajiya. Sai lasifika ta zo, muka ɗauka hutu ya samu. Ashe ba hutu ba ne. Lasifikar haya sai ƙara da shaƙewa, janareta na ruri a gefenki, ba ki jin kanki, sai ki yi ta ƙara ƙarfi ba ki sani ba. Ga lokacin siyasa ya kama, tarukan mata ko'ina. Da hantsi muna Sandamu, da la'asar muna wani ƙauye a hanyar Mai'adua, kowa so yake a yi masa muryar sama, a maimaita, a sake maimaitawa. Duk masu sana'ar haka suke yi a lokacin, don kakar aiki ba ta jiran kowa.

A wani wunin biki a Mai'adua abin ya faru, da la'asar sakaliya. An cika maƙil, amarya ta fito, 'yan'uwanta sun shigo fili. Na zo gaɓar hawa, na ja numfashi, na buɗe baki. Iska ce kawai ta fito, da wani ɗan sauti kamar an taka busasshen kara. Na sake gwadawa, haka. Kulu, Allah ya saka mata, ta shigo da amshi da ƙarfi ta rufe ramin, mai masaki ta ƙara wuta, mata suka ci gaba da rawa. Amma tsofaffin da ke zaune a tabarma sun ji. Na ga ɗaya ta taɓa ɗaya.

Wannan ita ce muguwar shekarata. Babu abin da ban sha ba: zuma da citta, kanumfari, masoro, man shanu da ɗumi, rubutun malam. In na wayi gari muryar ta ɗan dawo, kafin azahar ta dishe. Daga ƙarshe ɗana ya kai ni babban asibiti a Kano, likita ya zura wani siririn abu mai fitila a maƙogwarona. Ya ce 'yan siraran naman nan biyu da ke kaɗawa su ba da murya sun yi kanta, irin wadda fartanya ke yi wa hannun manomi. Ya ce ba sai an yanka ba tukuna, amma in yi shiru. Ba waƙa, ba kiran yara daga nesa, ko raɗa ya hana, ya ce ta fi magana wahalar da su.

Kaka ta yi, bukukuwa suka taso, ni kuwa ina zaune a sahun baya a cikin ƙungiyata, ina buga ƙwaryar ruwa baki a rufe. Kulu ke ja, kuma tana ja da kyau. Amma masu gayya sai su tambaya, "Asabe za ta yi?" In an ce a'a, su ce za su yi shawara, sai mu ji sun ɗauko masu kiɗan na'ura. 'Yan amshina mata ne masu ciyar da gidaje. Ɗaya ta koma suyar awara, wata ta bi wata sabuwar mawaƙiya zuwa Katsina. Ban riƙe kowa ba. Waɗanda suka rage suna duban bakina kullum kamar masu duban hadari.

Ana nan wata ranar Laraba da hantsi, sai ga Mama Uche ta yi sallama. Mama Uche 'yar ƙabilar Ibo ce, mijinta na sayar da kayan gyaran babur a bakin titi, ta daɗe a Daura har Hausarta ta fi ta wasunmu. A bayanta wata doguwar Baturiya ce mai furfura, ta ɗaura ɗankwali a karkace.

Mama Uche ta ce, "Hajiya Asabe, baƙuwa na kawo miki. Sunanta Marika, daga ƙasar Holan. Mijinta ne injiniyan da ke haƙa rijiyoyin burtsatse masu aiki da hasken rana a ƙauyukan nan. Ta ji waƙarki bara, ranar da aka buɗe wata rijiya wajen Sandamu. Tun lokacin take tambayata ina matar nan. Na gaya mata abin da ya same ki, ta ce sai na kawo ta."

Na shimfiɗa musu tabarma. Baturiyar ta gaishe ni da 'yar Hausarta, sannan ta nemi izini da hannu, ta ɗora yatsunta a wuyana, ta ce in ce "aa" a hankali. Na ce. Ta runtse ido tana saurare, yadda Gwaggo ke sauraren ƙwarya. Sai ta yi magana mai tsawo, Mama Uche ta juya mini.

"Ta ce ita ma wannan sana'ar ta yi har ta tsufa. Ta ce abin da ya same ki ya same ta, a gaban mutanen da suka fi na kasuwar Mai'adua yawa."

Marika ta fito da waya ta nuna mini. Wani makeken ɗaki ne, kujeru hawa-hawa har rufi. A gaban dandamali akwai rami cike da makaɗa, masu goge manya da ƙanana, masu busa, masu tambura. A sama ga wata mace cikin doguwar riga tana waƙa, muryarta ta hau kan duk wannan kiɗa ta zauna. Na dubi fuskar, na dubi baƙuwata. Ita ce, tana da ƙuruciya. Na nuna bakina da hannu, ina tambayar ina makirfo. Ta girgiza kai.

Na yi wa Mama Uche alamar ban yarda ba. Marika ta yi dariya, ta miƙe tsaye a tsakar gidana, ta gyara tsayuwa, ta saki murya guda ɗaya. Ta fara siririya kamar zare, ta yi ta kumbura har na ji kwanukan da ke kife a kan randa suna amsawa. Kaji suka watse. Maƙwabciyata ta leƙo ta katanga tana salati. Marika ta zauna tana haki kaɗan, ta ce wannan saura ne kawai, a da ya fi haka.

A zuwanta na gaba da na gaba na ji labarinta, Mama Uche na tsakani. Sana'arsu sunanta opera, wasan kwaikwayo ne da ake yi da waƙa tun daga farko har ƙarshe, ko gaisuwa za a yi sai an rera. Suna raba muryoyi kamar yadda muke raba ƙorai, mafi sama a ta mata suna ce mata sofarano, ita ce tata. A coci aka fara jin ta tana yarinya, aka kai ta makarantar waƙa ta yi shekaru, kuma da ta fito ba a ba ta gaba ba. Sahun baya aka sa ta, cikin masu amshi. Da ta faɗi haka na tafa hannu, ta gane, muka yi dariya tare. Daga nan aka mai da ita mai jiran ko-ta-kwana: ta haddace duk waƙoƙin babbar mawaƙiya, ta shirya, ta zauna a bayan labule, a gama a tashi ba a neme ta ba. Sai wata rana babbar ta kwanta zazzaɓi, aka ce Marika fito. Ta fito, kuma ba ta koma bayan labule ba. Ta yi wasa a ƙasarsu, ta yi a Jamus, ta yi a Italiya. Ta ce a yawancin wasannin ita ce budurwar da ke mutuwa a ƙarshe, wani lokaci da wuƙa, wani lokaci da tarin fuka, kuma dole ta mutu tana waƙa da ƙarfi har na kujerar ƙarshe ya ji. Mama Uche ta ce, "Kai, Turawa! Mai tarin fuka ina ta ga numfashin waƙa?"

Sai aka kira Marika wani babban wasa a Jamus, wanda aka rubuta don murya mai nauyi, makaɗan ma sun ninka na kullum. Malamarta ta ce kada ta karɓa, muryarta siririya ce. Amma a sana'arsu in kika ce a'a ga babban gida, ba lalle su sake kira ba. Ta karɓa. Ta yi ta turawa da ƙarfi har wata rana muryar ta tsage a tsakiyar wasa. Su can ba Kulu mai rufe rami, kowa ya ji, washegari jaridu suka buga. Ita sai da aka yi mata aiki a maƙogwaro. Ta yi dogon shiru, ta koyi waƙa daga farko kamar yarinya, ta dawo tana yin ƙananan ɗakuna da waƙoƙi marasa nauyi, daga baya ta zama malama.

Ta ce, "Na dawo, amma ba inda na tsaya na dawo ba. Ke ma haka za ki yi."

Da likita ya ba ni izinin fara motsa murya, muka shiga aiki. Abin da Marika ta fara sa ni ya ba 'yan amshina dariya har da hawaye. Ta kwantar da ni rigingine a tabarma, ta ɗora mini ƙullin gero a ciki, ta ce in ja numfashi har geron ya tashi, ƙirji kuwa kada ya motsa. Sannan ta kawo kofi da ruwa da siririn bututun roba irin na shan lemo, ta ce in hura a ruwan ina fitar da sauti, in hau in sauka a hankali, kumfa na tashi. Mace da jikoki tana wasan kumfa! Amma ku saurara: in kina hurawa ta bututun nan, ba yadda za ki yi ki matse maƙogwaro, dole iskar ta taso daga ciki. Gwaggo ta san wannan, shi ya sa take hana ɗaga kafaɗa. Ita ta san abin da ba a yi, Marika ta san yadda ake gyarawa in an riga an yi. Ta hana ni buɗe waƙa da sanyin murya, sai na ɗumama ta da baki a rufe tukuna. Ta sa ni shan ruwa kamar raƙumi. Ta ce in janareta na kusa, in sa a matsar da shi ko in ƙi farawa.

Ni ma ta sha mamakina. Wata rana ta ce in rubuta mata kalmomin wata waƙata ta koya. Na ce wace rana? Don ta jiya daban, ta yau daban, ya danganta da wanda ke zaune a gabana. Ta riƙe baki. Ita duk rayuwarta abin da wani ya rubuta tun kafin a haifi kakarta take rerawa, ba ta da ikon sauya ko gaɓa ɗaya. Ta gwada ƙirƙira nan take, ta tsaya cak. Da ta gwada amshinmu kuwa, sai ta ja kalma sama inda Hausa ke saukar da ita, maganar ta koma wata aba daban, Kulu ta faɗi a tabarma don dariya. Ni ban iya nata ba, ita ba ta iya nawa ba, kowa ya san matsayin ɗan'uwansa.

Rigimarmu ɗaya ce. Da muryar ta fara dawowa, sai ta ce in saukar da duk waƙoƙina ƙasa, in bar gaɓar sama gaba ɗaya.

Na ce wa Mama Uche, "Gaya mata da ita aka san ni. In na bar ta, wa za a gayyata?"

Marika ta ce, "Za ki iya hawa yau, wataƙila gobe ma. Amma kantar za ta dawo, kuma in ta dawo sai wuƙa. Zaɓi: muryar sama na ɗan lokaci, ko waƙa har tsufa."

Na ce, "Ita ai tana da fansho."

Mama Uche ta ce, "Wannan ba zan fassara ba, Hajiya."

Na yi kwanaki ina juya maganar. Sannan na tafi Mai'adua na zaɓo sabon masaki mai zurfin murya, na sa aka ƙara wa ƙwaryar ruwa iska, muka saukar da kiɗan duka. Gaɓar sama kuwa ban jefar ba. A cikin 'yan amshina akwai Rabi, ƙanwar Kulu, mai siririyar murya da na daɗe ina ji daga baya. Na ce ta matso gaba.

Gayyar farko daga Hajiya Mairo ta zo, wata dattijuwa a unguwar da ke kusa da Kusugu, wadda na yi wa wasa a bikin 'ya'yanta duka. Autarta za ta aurar. Na gaya mata gaskiya, na ce muryar da ta sani ba ita zan kawo ba. Ta ce, "Ke na gayyata, ba maƙogwaronki ba. Ki zo."

Gidan ya cika tun azahar, don labari ya bazu cewa Asabe za ta buɗe baki. Wasu sun zo biki, wasu sun zo ganin ko zan faɗi. Na sa aka kai janareta bayan gida. Na fara a ƙasa, a natse, na gaida Hajiya Mairo, na gaida dangin ango. Muryar ta fito da kauri irin wanda ban taɓa jin ta da shi ba, kuma kalmomin sun fi fita, don ba na kokawa da su. Da muka tunkari gaɓar hawa na ga tsofaffi sun gyara zama. Na kai bakin wurin, na tsaya, na juya na dubi Rabi. Yarinyar ta ɗauka ta hau, ta tsaya can sama ba rawar murya, ni kuma na shigo ta ƙarƙashinta da tawa, muryoyin biyu suka haɗu. Ba mu taɓa yin haka a Daura ba. Gidan ya ɗauki guɗa. Hajiya Mairo ta taso da kanta, da sandarta, ta shigo fili.

Marika na zaune a gefe cikin atamfar ankon da aka ɗinka mata. Mata suka matsa sai ita ma ta yi. Ta miƙe ta rera wata gajeriyar waƙar reno ta ƙasarsu, ba kiɗa. Ba wanda ya san abin da take faɗa, amma har yara suka yi tsit. Da ta gama Hajiya Mairo ta manna mata liƙi a goshi. Marika ta tambayi Mama Uche ma'anarsa, aka gaya mata. Ta ce ta yi wasa a manyan gidaje, furanni ake jefa mata, ba a taɓa biyan ta a goshi ba.

Daga wannan biki gayya ta dawo. Mai awara ta dawo, na karɓe ta. Wasa ɗaya nake yi a rana, kowa ya sani, mai so ya jira.

Da aikin mijinta ya ƙare za su koma, Marika ta zo sallama. Na tambaye ta me zan ba ta. Ta ce ta ga ina yi wa kowa waƙa, ita ban yi mata ba. Na ce ai ba a yi wa mutum waƙa sai an san tushensa, ta zauna ta faɗa mini. Wa ya haife ta, me yake yi, ina ne garinsu? Ta ce mahaifinta sunansa Yan, makiyayi ne, shanunsa baƙi-da-fari masu yawan nono, garinsu kuwa ƙasa yake da teku, sai da aka yi ganuwa aka tare ruwa. Mahaifiyarta cuku take yi. Ta ce mahaifin bai taɓa shiga gidan opera ba sai ranar da ta fara fitowa gaba, ya zo da takalmansa na zuwa coci, ya zauna a can sama, ya yi ta murza hularsa har aka tashi.

Na ce, "Ashe 'yar Fulani ce ba ta faɗa ba!"

Na sa Kulu ta jawo masaki, na yi mata nan take: 'yar Yan mai shanu, wadda garinsu ya kori teku, mai mutuwa a dandali ta tashi ta ci tuwo. Mama Uche na fassarawa tana dariya, Marika na dariya tana share ido. Ta ɗauka a wayarta ta tafi da ita.

Waƙar ba ta bi ta ta bar mu ba. Kiɗanta ya yi daɗi, mata suka riƙa nema, yanzu ba bikin da za mu tashi ba a ce a yi "'Yar Yan" ba. Makon jiya a Sandamu wata tsohuwa ta kama hannuna bayan wasa, ta ce, "Hajiya, wannan Yan mai shanun, na wace ruga ne? Kamar na san shi."

Na ce, "Rugarsu da nisa, Inna. Amma mutanen kirki ne."